Ɗan Sarkawa yana koyon fatsa a kogin Shenandoah

Asabar, 5 ga Afrilu, 2025

Kayan sun iso jiya, kwana biyar bayan ƙaramar Sallah. Sanda mai tsawon ƙafa 9, lamba 7, gaɓa huɗu, da kwarkwaron naɗe igiya, da igiyar kanta wadda ba ta nutsewa, duka dala 189. Lasisin kamun kifi na jihar Virginia na shekara guda, dala 23. Ƙwarin koto na gashi goma sha biyu da zaren gaba, wato siririn zaren da ke tsakanin igiya da ƙugiya, dala 34.

Ni ɗan Yelwan Yauri ne, gidanmu Sarkawa ne kaka da kakanni. Da birgi da taru da mamari na tashi, ban kai shekara goma ba na iya tuƙa kwale-kwale ni kaɗai. Amma shekarata tara a Amurka ban jiƙa ko ƙafata a kogi ba, sai watan Satumban bara da muka bi ta garin Front Royal na jihar Virginia na hango wani mutum tsaye cikin ruwa iya ƙugu, igiya tana kai da kawo bisa kansa kamar mai kaɗa bulala a hankali. Tun ranar abin ya tsaya mini a rai.

Na sa wa wannan irin kamun kifi suna fatsar ƙwaro. A fatsarmu ta gida, koto da dalma su ke da nauyi, su ke jan zare idan ka jefa. A wannan kuwa koton gashin tsuntsu ne ko na dabba da aka ɗaure a ƙugiya don ya yi kama da ƙwaro ko ɗan kifi, bai da nauyin da zai kai kansa ko'ina. Igiyar ce mai kauri da nauyi, ita ake jefawa, ita ke ɗaukar ƙwaron. Kifin da nake nema shi ne bas mai ƙaramin baki, mai launin tagulla, wanda ke zama cikin duwatsun kogi. Burina kafin ƙarshen Agusta in kama mai inci 15 da ƙwaron da na ɗaura da hannuna.

Asabar, 12 ga Afrilu

Kwana huɗu ina gwaji a filin ƙwallon bayan gida, na ɗaura guntun zaren ulu a madadin ƙugiya. Abin kunya. Igiyar ko ta zube mini a ka, ko ta yi ƙara tas a bayana zaren ulun ya tsinke ya tafi. 'Ya'yan maƙwabta har sun fara zama a kan shinge suna kallo.

Asabar, 19 ga Afrilu

Akwai wani dattijo Bature da muka yi aiki tare kafin ya yi ritaya, ya haura shekara arba'in yana wannan fatsar. Ya zo filin yau ya tsaya yana kallona, bai ce uffan ba sai da na yi jifa wajen goma. Sannan ya tambaye ni wane irin kamun kifi na saba. Na kwatanta masa birgi, yadda ake murɗa ƙugu a saki da dukkan jiki. Ya yi dariya ya ce ai ga ciwon nan.

Gyaransa biyu ne. Na farko, sandar ce za ta yi aikin, ni dai in ɗaga ta da sauri in tsayar da ita cak daidai kunnena. Na biyu, in dakata igiyar ta miƙe a baya kafin in tura gaba. Ƙarar bulalar nan alama ce ta cewa na yi gaggawa. Yana ta bayani ban kama ba, sai da na tuna wasan da muke yi muna yara a bakin gulbi, a danƙara laka a tsinin kara a wurga. Idan ka bi karan da hannu har ƙasa, lakar a gabanka za ta faɗi; sai ka tsayar da shi ba zato sannan take tashi. Da na yi haka igiyar ta miƙe sak, ƙafa talatin da wani abu. Sau ɗaya cikin biyar nake samu, amma na san ɗanɗanonsa yanzu.

Ya sayar mini da tsohon wandonsa na roba mai kaiwa ƙirji da takalman shiga ruwa, dala 110.

Asabar, 26 ga Afrilu

Ranar farko a kogi. Na fita bayan asuba, na bi babbar hanya ta 66 zuwa Front Royal, inda reshen kudu da na arewa na Shenandoah suke haɗuwa, na gangara ta 340 zuwa Bentonville. Awa ɗaya da rabi.

Idan aka gwada shi da Kwara, wannan rafi ne. Amma ƙasansa ba yashi ba ne, duwatsu ne shimfiɗe jere-jere sun ratsa kogin kamar kunyoyin gona, tsakanin kowane biyu akwai kwari mai zurfi. Abin da ya ba ni mamaki shi ne idona bai manta ba. Ina dubawa na san inda kifi zai kwanta: bayan dutse inda ruwa ke juyawa, da layin kumfa inda mai gudu ya haɗu da mai kwanciya, da gindin itacen da ya faɗo. Matsalar dai ba na iya kai ƙwaron wurin. Ƙwari huɗu na bar wa rassan bishiyoyin bayana, don a filin ƙwallo ba abin da ke bayan mutum.

Ban kama komai ba. Na yi azahar a kan wani faffaɗan dutse, na juyo.

Asabar, 3 ga Mayu

Kifi biyu, ba bas ba. Wasu 'yan mitsi-mitsi ne masu jan ƙirji, siffarsu ta ƙaramar karfasa. Na tura wa Kawu hoto ta WhatsApp. Amsarsa ta murya: "Ɗana, wannan koto ne ko kamun ne?"

Asabar, 10 ga Mayu

Dattijo ya raka ni. Ya ara mini tabarau mai yanke ƙyallin ruwa, sai ga ƙasan kogi tarwai. A gefen da ruwa bai da ƙarfi ya nuna mini wasu da'irori farare a cikin tsakuwa, faɗin faifai biyu, kowace da kifi baƙi-baƙi tsaye a kanta. Sheƙar bas ce. Idan ɗumin ruwa ya kai wajen digiri 16 zuwa 18, namijin ke share wurin da jelarsa, mace ta zuba ƙwai ta tafi abinta, shi ya zauna gadi har 'ya'yan su fashe su watse. A irin wannan lokaci ko tsumma ka jefa zai cafke, don kora yake yi, ba yunwa ba. Hannuna har ƙaiƙayi yake. Dattijo ya ce mu wuce. Minti biyun da za a ɗauke shi ya isa ƙananan kifaye su cinye ƙwan.

Ban yi gardama ba, don na san irinta. Bargi ma haka yake gina sheƙa a cikin ciyawa idan ruwa ya cika, kuma Baba, Allah ya jiƙansa, ba ya barin mu taɓa ta.

A hanya yake faɗa mini ashe bas ɗin nan baƙo ne a wannan yanki kamar ni. Asalinsa ruwayen yammacin tsaunuka ne. A 1854 wani William Shriver ya ɗebo su daga wajen Wheeling a cikin bokiti mai huji, ya rataya a tankin ruwan jirgin ƙasa, ya zuba su a Cumberland ta jihar Maryland. Daga nan suka bazu cikin Potomac da rassansa, har da Shenandoah da ke faɗa masa a Harpers Ferry.

Na sayi tabarau nawa, dala 20.

Asabar, 17 ga Mayu

An tafka ruwan sama cikin mako, kogi ya cika ya yi ja. Ma'aunin da gwamnati ta kafa a Front Royal, wanda ake dubawa a intanet, ya nuna ba wurin shiga. Na zauna gida na fara ɗauri.

Kayan ɗauri dala 68: ƙarfen da ke riƙe ƙugiya, zare, almakashi, ƙugiyoyi lamba 2 da 4, gashin jelar barewa fari da kore-kore, gashin talotalo mai laushi, da 'yan dalma masu siffar turmi da ake yi wa ƙwaro idanu da su. Iri biyu kawai zan koya bana. Ɗaya shi ne Woolly Bugger, wanda Russell Blessing ya ƙirƙiro a Pennsylvania a 1967, baƙin abu mai gashi da ke kama da tsutsar ƙarƙashin dutse. Ɗayan Clouser, na Bob Clouser, shi ma ɗan Pennsylvania, wanda ya haɗa shi a 1987 musamman saboda wannan kifin a kogin Susquehanna. Dabararsa ta burge ni. Idanun dalmar a bayan ƙugiya ake ɗaure su, sai nauyinsu ya kifar da ita, tsininta ya dubi sama. Tana bin duwatsu ba ta maƙalewa, kuma duk lokacin da ka daina ja sai ta sunkuyar da kai kamar ɗan kifin da ya jikkata.

Na farkon da na ɗaura ya fito kamar tsintsiyar da akuya ta tauna. Gashi na cika masa. Dattijo ya ce in rage rabi, in sake rage rabin abin da ya saura.

Lahadi, 25 ga Mayu

Clouser tara, uku sun yi kama da abin arziki. Ƙullin zare dai ba sai an koya wa mai gyaran taru ba.

Asabar, 31 ga Mayu

Laifina ne daga farko har ƙarshe. Ruwa ya sauka, ya fara washewa, sai dai akwai iska tana bugowa daga damana, ni kuma da dama nake jifa. Duk wanda ya san abin ya san iska irin wannan tana turo igiya kan mai ita, sai ka juya baya ko ka sauya gefe. An faɗa mini. An kuma faɗa mini in matse kunnen ƙugiya, wato 'yar ƙayar da ke hana ta zarewa, da filaya kafin in fara, na ƙi, don a wajenmu ƙugiya marar kunne wasan yara ce.

Jifa na shida ko na bakwai na ji kamar an harbe ni da gwafa a bayan kunne. Na kai hannu na ji gashin barewa yana reto. Ƙugiya lamba 2 ta shige fatar har ta wuce kunnenta. Na gwada ja, na ga taurari. Haka na yanke zaren, na fito, na tuƙa mota minti ashirin da ƙwaro fari da kore a rataye kamar ɗan kunne, har wani ƙaramin asibiti. Ma'aikaciyar ta yi allurar kashe zafi, ta tura tsinin ya ɓullo ta gaba, ta datse kunnen, ta zare. Ta ce ba ni ne farau ba a wannan watan. Aka ƙara mini allurar rigakafin sandarewar jiki. Abin da inshora ta bar mini, dala 75.

Uwargida ta dubi filastar ta ce, "Maigida, to alhamdu lillahi, yau dai an kama babba."

Daren nan na zauna na matse kunnen kowace ƙugiya da ke cikin akwatina. Hula mai baki da tabarau kuma ba na sake cire su a kogi, don inci biyu ne tsakanin wurin da idona.

Juma'a, 6 ga Yuni

Babbar Sallah. Mun je wata gona yin layya da 'yan uwa. Wani abokina farin taure ya yanka, mai dogon gashi a gadon baya. Na roƙi gashin, na yanko cike da hannu, ana ta yi mini tsiya wai kowa na rabon nama ni ina rabon gashi. Na wanke da sabulun kwanuka na shanya. Ya fi na barewa laushi, ban sani ba ko zai riƙe siffa a ruwa.

Asabar, 14 ga Yuni

Bas na farko. Inci 11, a kan Woolly Bugger na kanti.

Kafin shi uku sun cafka sun tofar, domin da na ji motsi sai in ɗaga sanda sama kamar mai fatsar kara. Sandar nan tana da taushi, lanƙwasa kawai take yi, ƙugiya ba ta shiga, bakin bas kuma yana da tauri. Abin yi shi ne a bar tsinin sanda ƙasa yana duban ƙwaron, a fizgi igiyar da hannun hagu. Da na yi haka sai na ji ta tsaya kamar na kamo dutse, sai dutsen ya tashi sama ya girgiza kai. Sau uku yana tsalle. Kifin da bai kai laba ɗaya ba, amma faɗansa ya tuna mini da tsage.

Na jiƙa hannu, na riƙe shi ta leɓen ƙasa, na zare ƙugiyar cikin sauƙi tunda ba kunne, na sake shi. Daga nan rigima ta tashi da Kawu. Ya kira ni da kansa.

"Ina kifin?"

"Na mayar da shi ruwa, Kawu."

"Faɗuwa ya yi?"

"A'a, sakinsa na yi."

Ya yi shiru, sannan ya ce a iya saninsa wanda ya kama ya saki ko dai mahaukaci ne ko wanda ya ƙoshi da yawa. Na ce masa akwai dalili. Wata masana'antar zare a Waynesboro ta yi aiki da zaiba daga 1929 zuwa 1950, ta malala cikin South River, wanda ke zubowa cikin reshen kudun nan da nake shiga. Har yau tana cikin laka, tana taruwa a naman kifi, musamman masu cin 'yan uwansu irin bas. Hukumar lafiya ta jihar ta yi gargaɗi a taƙaita ci, masu ciki da ƙananan yara kuma su ƙaurace masa. Ga shi kuma ba ya saurin girma. Mai inci 20, wanda jihar ke ba da takardar yabo a kansa, kan kai shekara goma. Kawu ya ce na zaibar ya gane, kuma abin tausayi ne a ce kogi guda an hana shi ciyar da mutane. Amma in haka ne, me ya kai ni? Ban samu amsar da za ta gamsar da shi ba. Ni ma a raina sakin ya yi mini wani iri, hannuna sai da ya yi nauyi.

Laraba, 25 ga Yuni

Zafi kamar Yauri a watan Afrilu. Na ajiye wandon roba, yanzu da gajeren wando da takalmi ake shiga. Clouser huɗu da gashin taure.

Asabar, 28 ga Yuni

Rana mafi tsada. Na kama ƙanana biyar da safe, kai ya fara kumbura, na ce bari in tsallaka wancan gefe inda inuwa take. Duwatsun sun yi gansakuka, santsi kamar an shafa musu kuɓewa. Na taka gefen wata kunya, ƙafa ta zame, na faɗa kwarin da ke bayanta har wuya. Iyo ba matsalata ba ce, amma na dogara da sandar wajen faɗuwa, na ji ƙas. Gaɓar sama ta karye. Da na duba daga baya, daidai wurin akwai ɗan tabo, inda dalmar Clouser ta taɓa bugunta makonnin baya. Irin wannan sanda ba ta yafe tabo.

Waya tana aljihun wando, ba cikin leda ba. Ta mutu murus. Wata ta hannu, dala 220. Sabuwar gaɓa daga kamfanin, dala 45, sai nan da mako uku.

Ɗan Sarkawa ya faɗi a ruwan da bai kai ƙirji ba. Wannan kam ban gaya wa Kawu ba. Na sare wani reshe mai ƙwari na ɗaura masa igiya, shi ne sandar dogarawa daga yau, waya kuma a mota za ta riƙa zama.

Lahadi, 13 ga Yuli

Da aron sandar Dattijo. Hadari ya taso da tsawa kafin la'asar, muka fito a guje. Ba a tsayuwa tsakiyar kogi da doguwar sanda a hannu ana walƙiya.

Asabar, 19 ga Yuli

Gaɓar ta iso. Mun shiga da yamma, ruwa ya ja baya sosai, ya yi garau, wasu ƙwari shuɗɗa masu siririn jiki suna ta sauka a kan ciyawar ruwa. Dattijo ya ba ni wanda suke kira fofa, ɗan toshiya mai kwarmin fuska da ƙafafun roba, wanda ke tasowa a sama. Idan ka fizge shi sai ya yi ɓul. Ni sai na yi ta fizga kamar mai kiran kaji. Ya ce in jefa in ƙyale shi har zoben ruwan su ɓace, in bar kogi ya tafi da shi, manya ba su son hayaniya.

Gab da magariba, ƙarƙashin wani reshe, na ga inuwa ta taso a hankali ta tsaya ƙasan fofar tana dubanta. Na ƙirga har huɗu. Ta buɗe baki ta tsotse shi ba ko fantsama. Inci 16. Amma da ƙwaron Dattijo ne, saboda haka ba ya cikin lissafi. Shi ya ce in ƙirga, na ce a'a, sharaɗi sharaɗi ne.

Asabar, 26 ga Yuli

Babba ya ɗauki Clouser na taure, ya yi tsalle ɗaya, zare ya tsinke. Na duba bakin zaren, a kan ƙulli ya yanke, irin ƙullin da mugun jifa ke haifarwa. Na gan shi tun da safe na ce ba komai. Ƙugiyoyi da sabon zaren gaba mai ɗaukar laba 10, dala 27.

Abu ɗaya dai ya tabbata, gashin taure yana aiki. A jiƙe yakan manne ya yi siriri, yana kaɗawa fiye da na barewa, sai dai yana naɗe ƙugiya idan ya yi tsawo. Na rage shi zuwa inci biyu da rabi.

Asabar, 9 ga Agusta

Ƙanana takwas, babbansu inci 13. Masu kwale-kwalen haya sun cika kogi daga ƙarfe goma.

Asabar, 16 ga Agusta

Na yi asuba a bakin kogi, na shiga da hazo bai tashi ba. Na nufi kwarin nan da na faɗa ciki a watan Yuni, tunda na auna zurfinsa da jikina. Na tsaya sama da shi, na jefa a karkace, na bar ƙwaron ya nutse, ja biyu gajeru, na dakata. A dakatawar ya ɗauka. Wannan bai yi tsalle ba, ƙasa ya nufa yana neman gefen dutse ya goga zaren, na kwantar da sanda gefe na juyo da kansa. Na auna shi da alamar da na yi wa sandar da jan farcen uwargida, ya wuce inci 15 da kaɗan. Da mafi munin Clouser ɗin da na ɗaura, mai ido ɗaya a karkace.

Waya tana mota, ba hoto, Dattijo kuma bai zo ba. Kawu ya ce kifin da ba a gani ba, ba a ci ba, ba shaida, ko alƙalin Yauri ba zai karɓa ba. Sannan ya ce idan mai zuwa gida ya samu in aiko masa da irin na tauren nan guda biyar, da kunnensu, zai sa yara su gwada wa tsage a bakin duwatsu.

Jimillar kashewa zuwa yau dala 811, ban da mai. A Satumba za mu yi hayar kwale-kwale ni da Dattijo mu gangaro daga Bentonville, ni ne a baya da filafili. Kafin nan zan koyi ɗaura fofa, kuma gashin taure saura na guda shida, biyar na Kawu ne.